Hanyar da Ba Ta da Lamba: Ta'aziyyar Injiniya Alu

Ranar Talata, 17 ga Yunin 2025, daidai da 21 ga Zulhajji, da hantsi, Allah ya karɓi ran Injiniya Alu Muhammad Sani na Layin 'Yan Goro, nan Agege. Ya cika a kujerar baya ta wata danfo, bas ɗin haya ta Legas, kansa a kafaɗar surukinsa, ba mu kai ga asibiti ba. Daga Allah muka fito, wurinsa kuma za mu koma. Na faɗi wannan da bakina ranar, ina kan faɗarsa har yau, na kuma yarda da shi. Amma ba zan yi ƙarya a kan takarda ba, zuciyata ba ta huce ba.

Ni ce Hadijatu, taubashiyarsa, tsohuwar malamar makaranta da ke zaune a Abule Egba. Mahaifiyarsa, Gwaggo Laraba, ƙanwar mahaifina ce. Ya bar mace ɗaya, Ummukulsum, tana cikin takaba. Ya bar 'ya ɗaya tilo, Mastura, wadda ta dawo gida domin haihuwar fari a gaban uwarta, kamar yadda muka gada. Cikinta ya tsufa, damina kuwa ko rabi ba ta yi ba, kuma hanyar da ta hana ubanta fita tana nan yadda take, har ma ta fi da lalacewa. Wannan ne ya hana ni yin shiru kamar yadda manyan unguwa suka so.

Alu, bari in juyo gare ka, don ban saba magana a bayan idonka ba. Tun muna yara a gidan kakanninmu, cikin ƙanshin ganyen goro, ba mu taɓa shiryawa kan wanda ke gaba ba, ni 'yar namiji, kai ɗan mace. Ka tafi karatu ka dawo da hular kwano da taƙama, na ce an dai ba lebura takarda. Ka yi dariya ka ce lebura shi ne ya kai malama makaranta. A haka muka tsufa, kai kana ta yawo da ma'aikatar ayyuka daga Jebba zuwa Kontagora, ni ina fama da alli da allo.

Ban taɓa ganin mutumin da hanya ta shiga ransa kamar kai ba. Ko a gidan suna aka ba ka wuri, sai ka ɗauki tsinke ka zana ƙasar nan a ƙasa. Ka ce manyan hanyoyi huɗu ne suka tashi daga bakin teku suka miƙe arewa, an lissafa su daga yamma zuwa gabas. A1 ta tashi daga nan Legas, ta bi Ibadan da Ilori, ta haye Kwara a Jebba, ta wuce Sakkwato har bakin iyaka. A2 ta bi ta Lokoja da Kaduna da Zariya ta kai Kano. A3 ta nufi Jos da Maiduguri, A4 ta bi gefen gabas ta Yola. Wadda ta ratsa ta gefen Agege zuwa Abekuta kuwa A5 ce. Idan ka ga lamba mai uku, ka ce, to hanya ce mai haɗa manya biyu, kuma lambobinta biyu na farko su ne ke faɗa maka waɗanda ta haɗa. Mutanen gidanku Sakkwatawa ne, namu Zazzagawa, don haka kai ne A1, ni ce A2, Gwaggo Laraba kuwa ita ce A126, wadda ta tashi daga Zariya ta ƙare a Sakkwato. Gwaggo ta yi ta dariya har da hawaye ranar da ta ji haka, ta ce ita dai a bar ta da sunan da ubanta ya raɗa mata. Ni kuwa na ce ka ɗauki lamba ɗaya ne don ka san a nan kaɗai za ka zo na ɗaya.

Lambar ba ado ba ce, haka kake cewa. Lamba ita ke nuna mai hanya. Hanyoyin da ke da A na gwamnatin tarayya ne, ita ke yi, ita ke gyarawa. Waɗanda ake kira rukunin B na jiha ne, masu haɗa garuruwan cikinta. Rukunin C na ƙaramar hukuma ne, layukan unguwa da hanyoyin ƙauye. Ka sha ba mu labarin yadda ka tarar da aikin a farkon shigarka: kowane yanki na hanya da sansanin leburorinsa da helumansu, kafin damina a yashe kwata, a sare ciyawar gefe, rami yana ɗan ƙarami a yanke shi a cike a daɓe. Bayan wasu shekaru a sake shimfiɗa kwalta tun tsohuwar ba ta mutu ba. Gyaran gaggawa shi ne na ƙarshe, sai in gada ta karye ko ruwa ya yanke hanya. Ka ce yanzu an watsar da biyun farko, an riƙe na ƙarshe, shi ma sai an yi asarar rai.

Abu ɗaya da ka fi nanatawa, har yaran unguwa suka haddace, shi ne cewa ba mota ke kashe hanya ba, ruwa ne. Idan ka ga rami a sama, to ruwa ya riga ya ci ƙasan. Wanda ya cike rami ya bar kwata a toshe, wahalar banza ya yi.

Alherinka a kan hanya ka shuka shi, kuma a can mutane suka san ka. Direbobin da ke kawo albasa da tumatir kasuwar Mile 12 duk suna da lambar wayarka. Mota ta mace wa mutum a daji, ya rasa ma yadda zai kwatanta inda yake, sai ka tambaye shi abin da ke rubuce a turken kilomita da ya wuce na ƙarshe, daga nan ka san wane gari ne kusa, ka kira wani tsohon yaronka ya kai masa makaniki. Ba ka taɓa karɓar ko goro a kan wannan ba. Alhaji Ɗan Azumi, wanda yau shi ne babban dillalin albasa a layinku, ba ya gajiya da ba da labarin shekarar da tirelarsa ta kife bayan Mokwa, lokacin yana ɗan fara juya jari. Kai ne ka fito da leburorin sansaninka kuka kwashe buhunan kafin ruwa ya sauko, ka sauke shi a ɗakinka, ka ba shi gadonka ka kwana a tabarma. Ya sha cewa a gaban jama'a duk abin da ya mallaka daga wannan ranar ya fara. Ina rubuta wannan don kada wani ya karanta abin da ke tafe ya ɗauka Alhaji mugu ne. A layin nan babu wanda ya fi shi son ka.

Da ka yi ritaya ka dawo gidan gado a Layin 'Yan Goro, sai ka tarar da hanyar da ta fi ƙarfin iliminka, a ƙofar gidanka. Layin ƙofa ɗaya gare shi ta mota, can ƙarshensa layin dogo ne ya tare. A bakinsa, inda ya haɗu da babban titi, akwai kwalbati, ta ƙarƙashinsa duk ruwan unguwar ke wucewa. Waɗanda suka faɗaɗa babban titin shekarun baya su suka gina shi. Kwatar da ke bi ta ciki babbar magudana ce. Layin da ya hau kansa kuwa layin unguwa ne. Ka sa babbar riga ka shiga ofis na farko, na tarayya, aka ce iyakarsu gefen kwalta. Na biyu, na jiha, suka ce ruwan nasu ne, amma abin da ke bisa ruwan ba nasu ba ne. Na uku, na ƙaramar hukuma, suka ce ba su suka gina ba, ba za su taɓa ba. Kowa ya karɓe ka da mutunci, ya kira ka oga, ya raka ka har bakin ƙofa. Ka gaya mini abin da ya fi ci maka rai shi ne babu wanda ya yi maka ƙarya a cikinsu, kowa iyakar abin da ke hannunsa ya faɗa. Taku kaɗan ne wurin, amma a duk tsarin da ka yi wa hidima tsawon rayuwarka ba shi da lamba, ba shi da mai shi.

Sai ka mai da kanka mai shi. Duk shekara, da zarar hadari ya fara haɗuwa, ka sa takalmin roba, ka ɗauki shebur da dogon rodi, ka shiga bakin kwalbatin kana zaƙulo leda da robobi da yashi. Wata rana na sauko daga danfo na gan ka cikin baƙin ruwa har gwiwa, na ce barka da aiki, injiniyan kwata. Ka ɗago ka ce in ina jin tausayinka in riƙe maka baro. Ban riƙe ba, na dai tsaya ina yi maka tsiya har ka gama. Na sha ce maka ka sayar da gidan ka dawo kusa da ni, bakin titi mai lamba. Ka ce a nan aka binne cibiyarka, kuma abin kunya ne a ce injiniya ya gudu saboda kwalbati ɗaya.

Bara ciwon ƙoda ya kama ka. Aka sa maka ranakun wankin ƙoda a asibiti, Talata da Asabar, ni da surukinka Shamsuddeen, mijin Mastura, muke karɓa-karɓa wajen raka ka, shi in ya samu sarari daga masana'antar da yake aiki a Ilupeju. Bana ba ka iya ɗaga shebur ba. Ramin da ke bakin layi ya buɗe, duk lokacin da mota ta faɗa ciki sai ka runtse ido ka cije leɓe, kuma jama'ar da ke zaune a rumfunan bakin layi suna gani.

Ana saura 'yan kwanaki Babbar Sallah aka kwantar da kai a asibiti. A bayanka ne Alhaji Ɗan Azumi ya tara mutanen layi. Mu nan haka muka saba, in rami ya dami jama'a, mai hali ya sayo tifar ɓaraguzan gini a juye, a ce sadaka ce, Allah ya ba da lada. Suka ce bai kamata Injiniya ya dawo ya sha jijjiga ba. Aka juye tifa guda, matasa suka baje, abin da ya yi saura suka ture shi gefe. Gefen nan kuwa shi ne bakin kwalbati.

Ina cikin motar ranar da aka sallame ka. Kana kwance a baya idonka a rufe. Muka karyo kwana muka shiga layi sumul, babu ko girgiza. Na ga ka buɗe ido.

"Wa ya taɓa mini hanya?" ka ce.

Kafin in ba ka amsa mutane sun kewaye motar suna murna, Alhaji a gaba, bakinsa har kunne. Na zuba maka ido in ga abin da za ka yi. Ka kama hannunsa ka yi godiya, ka sa masa albarka. Sai da za a shigar da kai gida ka ce masa a hankali, in an samu hali a ɗan buɗe bakin kwalbatin. Ya ce ba komai, bayan Sallah. A ɗaki na ce maka me ya hana ka faɗa musu gaskiya da babbar murya, kai da ba ka raga wa kowa a kan kwata. Ka ce mutum ya yi maka sadaka a gaban jama'a, ba ka tsinka shi a gaban jama'a. Wannan kara taka, Alu, ita ce ban yafe ba tukuna.

Sallah ta zo, kowa ya shiga hidimar layya. Bayanta kowa ya ce gobe. Ka aika sau biyu, aka ce ana nan tafe. Ran nan da Juma'a sama ta buɗe. Ruwan da ya saba wucewa ta ƙarƙashi ya rasa hanya, ya hau sama ya kwanta a bakin layi kamar tafki. Ranar Asabar, ranar wankin ƙodarka, na zo daga Abule Egba na tsaya a bakin titi, ruwa har ƙugu, babu motar da za ta shiga ko ta fito. Na kira ka na ce a ɗauko ka a kafaɗa. Ka ƙi. Ka ce ba za a ratsa da kai a gaban yara kamar buhun albasa ba, ruwa ne, zai janye. Kai da ka fi kowa sanin ba shi da inda zai janye ya tafi. Na yi faɗa, na yi magiya, har na ce maka abin da ban so in maimaita a nan. Ka ce malama ta koma aji.

Ruwa bai ɗauke ba, kuma ranar Talata numfashi ya ƙi. A lokacin ba ka da bakin ƙi. Aka ciro ƙyauren ɗaki aka kwantar da kai, maza suka ɗauke ka bisa kai suka ratso, Alhaji Ɗan Azumi na cikinsu, babbar rigarsa tana jan ruwa. Na tare danfo, fasinjojin suka sauka da kansu, direban Bayerabe ya ce kada mu damu da komai, mu dai shiga. Muka hau titi muka tarar da gosulo, ko'ina ruwa, motoci sun tsaya cik. Shamsuddeen yana riƙe da kai, yana ta cewa, "Baba, hold on, mun kusa, wallahi mun kusa." Ba mu kusa ba. Ka motsa baki, na juyo daga kujerar gaba, ka tambayi inda muke. Na ce mun fito layi, muna kan A5.

"To, alhamdulillahi," ka ce. "Wannan tana da mai ita."

Daga nan sai kalmar shahada. Ban san ko tsiya ka yi mini ta ƙarshe ba, ko da gaske kake. Na fi zaton duka biyun.

Ta cikin ruwan nan aka sake shiga da kai, ta cikinsa aka fito da makara bayan la'asar.

Ranar addu'ar uku ruwa ya ɗan ja, ya kwashe rabin ɓaraguzan ya tura su can cikin kwalbatin, ya bar rami wanda ya fi na da. Motocin masu gaisuwa suka kasa shiga. Muna cikin gida da mata na ji ƙugin babbar mota. Na yafa mayafi na fita. Tifa biyu ne a bakin layi, Alhaji yana tsaye yana nuna musu wuri. An kuma kafa wani allo a jikin fal ɗin wuta, an rubuta Titin Injiniya Alu da sabon fenti. Alhaji ya ce mini sadaka ce ga mamaci, wancan karon tifa ɗaya ce ba ta isa ba, da sun zuba uku da ruwa bai ci ba.

Na faɗa masa. A gaban dattawa da direbobi na faɗi abin da kai ka kasa faɗa, na ce ba ƙarancin ɓaraguzai ya tsayar da ruwa ba, ɓaraguzan ne. Ya dube ni kamar na mare shi, idonsa ya kawo ruwa.

"Malama, ni zan cuci Injiniya?" ya ce. "Ni?"

Dattawa suka ce in yi haƙuri, kwana ne ya ƙare, ba a irin wannan magana a gidan makoki. Na san kwana ne ya ƙare, ba su suka fara gaya mini ba. Wani ya ce ai an riga an kawo, ba a mayar da sadaka. Muna cikin haka tifar farko ta ɗaga bayanta. Na tsaya ina kallo har ta biyu ta gama, aka ɗaga hannu aka yi fatiha, Allah ya kai ladan kabarinka. Ni ma na shafa, don ban san abin da zan yi da hannuwana ba.

Na daina sa rai, Alu. Kai da ka san kowace ƙofa da sunan wanda ke bayanta ba ka samo wa wurin nan mai shi ba, balle ni. Waɗanda suka ƙi ka da waɗanda suka so ka duk wuri ɗaya suka kai ka. Layin ya samu suna, bai samu lamba ba, kuma hadari yana haɗuwa kullum da yamma.

Saboda haka jiya na yi abin da na san ba za ka so ba. Na shiga wurin Ummukulsum na ce zan tafi da Mastura Abule Egba ta haihu a ɗakina. Ka san abin da na roƙa. Mai takaba ba ta barin gidan mijinta, kuma 'yar fari a gaban uwarta take haihuwa, ita ke dafa mata ruwan wanka, ita ke dama mata kunun kanwa. Ummukulsum ta daɗe tana tanadin wannan, itacen wankan ma yana nan jibge a bayan ɗaki, kai ka sa aka kawo. Ta saurare ni har na gama. Can ta ce, "Yaya Hadijatu, ɗauke ta. Na ba hanyar nan ɗaya, ba zan ba ta biyu ba." Ita ta haɗa mata kaya da hannunta. Ta rako mu har bakin zaure, iyakar inda za ta iya, ta tsaya. Mastura ba ta waiwaya ba sai da muka kai bakin layi, ƙarƙashin allon da ke ɗauke da sunanka, nan ta durƙusa ta yi kukan da ba ta yi ba ranar jana'iza.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Ummukulsum, Allah ya ba ta haƙurin rashi biyu a mako guda. Ga Mastura da Shamsuddeen, ga dangi na Sakkwato da Zariya, ga direbobin da za su kira lambarka daga daji su ji shiru. Ga Alhaji Ɗan Azumi ma, wanda na ji an ce tun ranar bai fito kasuwa ba, Allah ya duba niyyarsa, ya yafe mini zafin bakina.

Ya Allah, ga bawanka Alu ya zo gare ka. Ka gafarta masa, ka yalwata masa kabarinsa, ka haskaka shi. Duk matafiyin da ya isa gida lafiya ta hanyar da ya gyara, ka sa a mizaninsa. Duk shebur ɗin da ya ɗaga a bakin kwalbatin nan, ka karɓa. Ka sada shi da Gwaggo Laraba a Aljannar Firdausi, mu kuma in tamu ta zo ka sa mu cika da imani. Ka sauki Mastura lafiya. Amin.

Taubashina, ka ce injiniya ba ya gudu saboda kwalbati ɗaya, kuma ba ka gudu ba. Ni na gudu da 'yarka. Jikanka a ɗakina za a haife shi, a bakin hanya mai lamba, kakarsa kuwa a waya za ta ji kukansa na farko.